Takalmin Ranar Gwaji

Matar Auta ce ta tono takalmin. Shekara da shekaru yana kwance a saman kabad, cikin kwali, a naɗe da tsohuwar jarida, ba wanda ya tada shi, sai da kulob ya aiko da wasiƙa. Wai an cika shekara hamsin da ranar da Auta ya sa hannu, shi ne baƙo na farko da ya taɓa sa rigarsu ya buga musu ƙwallo da albashi, don haka za su karrama shi. Suna kuma son wani abu nasa na da, su sa a akwatin gilashi a zauren shiga filin wasa. Shi da ya karanta wasiƙar, ninke ta ya yi ya tura ƙarƙashin rediyo. Ita kuwa mace ce da ba ta iya ganin aiki a ajiye. Ta jawo kujera ta hau, da shekarunta da ciwon gwiwarta, ta sauko da kwalin ta dire masa a gaban shayinsa.

"Ga shi nan," ta ce. "Ba shi ne na ranar gwaji ba? Wanda ko ƙura ka hana a kakkaɓe masa? To ranarsa ta zo."

"Mayar da shi inda kika ɗauko. Akwai riguna, a ba su ɗaya."

"Rigunan da asu ya gama da su? Ka rufa mana asiri. Na ma riga na buga wa Yaya waya. Ya ce kada a kuskura a kai wa mutane takalmi da dattinsa, a ce daga gidan ƙanen shumeka ya fito. Gobe da safe ka kai masa shago ya gyara."

Auta ya kai kofi baki ya mayar bai sha ba. A duk faɗin duniyar nan mutum ɗaya ne bai kamata ya kifa takalmin nan ya ga tafinsa ba, kuma shi ne aka buga wa waya.

Su biyu Inna ta haifa, Yaya da Auta, shekara uku tsakaninsu. A can gida suka koyi ƙwallo, ba takalmi, a wani fili mai tauri bayan tashar jirgin ruwa, inda in ka faɗi sai ka bar fatar gwiwarka a wurin. Auta ya iya ƙwallo, wannan ba a musu. Amma Yaya wani abu ne daban. In ya ɗauki ƙwallo, har masu dakon kaya sukan sauke buhu su tsaya kallo, ana yi musu tsawa suna yi kamar ba su ji ba. Yakan yanke mutum, ya jira shi ya tashi, ya sake yanke shi, yana dariya. Auta kuwa aikinsa ya ruga gaba ya tsaya inda ya dace, ƙwallo za ta same shi a can. Rabin ƙwallayen da ya ci a lokacin, ko akuya aka ɗaure a wurin za ta ci.

Wani ma'aikacin jirgin ruwa ne, mutumin wata ƙasa mai nisa, ya ga wasan Yaya, ya rubuta wa kulob ɗin garinsu, suka aiko a zo gwaji. Yaya kaɗai suka kira. Shi ne ya kafe ya ce ba inda za shi sai da ƙanensa, don Auta ya yi makaranta kaɗan, yana jin harshen mutanen, shi kuwa ko gaisuwarsu bai iya ba. Sai da suka shiga jirgi ma'aikacin ya gaya musu dokar can: baƙo ɗaya tak kulob ke iya ɗauka. Yaya ya daki kafaɗar Auta ya ce, "To mene ne? Duk wanda suka ɗauka, mu suka ɗauka." Da sauƙin faɗa ga mutumin da ya san shi za a ɗauka, in ji Auta a ransa. Kwana goma sha tara suka yi a kan ruwa, wannan maganar tana cin sa.

Ranar gwaji aka wayi gari da ruwa, irin ruwan ƙasar nan da ba ya tsawa ba ya walƙiya, sai dai ya yi ta zuba kamar an bar famfo a buɗe. Aka kai su wani ɗaki a ƙarƙashin wurin zaman 'yan kallo, mai warin fata da man shafawa, aka ba kowannensu takalmi daga cikin na aro. Wannan ne karo na farko da suka riƙe takalmin ƙwallo a hannu. Yaya ya ɗaure igiyoyin nasa ya rataya a wuya kamar an ba shi lambar yabo, ya ce zai fita ya gaisa da fili. Al'adarsa ce, ba ya buga wasa sai ya taka fili da tafin ƙafarsa tukuna.

A wancan zamani ba a sayen takalmi da haƙoransa a haɗe kamar yanzu. Haƙoran 'yan fatu ne masu kauri, a yanka su zagaye kamar maɓalli, a ɗora wata kan wata, a buge da ƙusa a tafin takalmi, shida a kowace ƙafa. In fili a bushe yake, fata biyu ta isa. In ya jiƙe sai an yi huɗu, don haƙori ya nutse ya kama ƙasa. Duk yaron garin ya san wannan. Su da suka taso ba takalmi, ina za su sani?

Tsohon da ke kula da takalman kulob ya dubi taga, ya dubi takalmin da ke hannun Auta, ya girgiza kai. Ya karɓa ya ɗora a kan ƙafar ƙarfe da ake kifa takalmi a kanta in za a yi gyara, ya cire gajerun haƙora, ya buga dogaye, yana yi yana bayani da ƙusoshi a bakinsa. Minti goma ya gama. Sannan ya ce, a hankali don baƙo ya gane, "Je ka kira ɗan'uwanka ya kawo nasa. In ya shiga da waɗancan, iyo zai yi, ba ƙwallo ba."

Auta ya ce to. Kuma wallahi da niyyar kiran ya fita. Ya bi doguwar baranda har bakin fili, sai ya tarar da Yaya a cikin ruwa, ƙafa ba takalmi, yana wasa da ƙwallo daga gwiwa zuwa kafaɗa zuwa ƙeya, ba ta taɓa ƙasa. Koci ya tsaya da lema yana kallo. Masu share fili sun jingina da tsintsiyoyinsu. Abin da ake yi a gida, shi ake yi a nan. Auta ya ga kansa a jirgi yana komawa shi kaɗai, ya ga bakin tasha, ya ji ana tambayarsa, "Kai kuma me ya dawo da kai?"

Yaya ya hango shi ya ce, "Auta, filin nan laushi kamar katifa! Yau za su ga ƙwallo. Me tsohon ya ce?"

"Ya ce a sa takalma, lokaci ya yi."

Shi ke nan abin da ya faɗa. Bai soki kowa da wuƙa ba, bai sa wa kowa guba ba. Ya sha gaya wa kansa haka, bai kuma taɓa samun sauƙi ba.

Sau goma sha ɗaya Yaya ya faɗi a wasan nan. Auta ya ƙirga, har yau ma in ya zauna shiru sai ya tarar yana ƙirgawa. Da ya juya zai yanke mutum, sai ƙafa ta tafi ta bar shi. Tun ana cewa kash har aka koma dariya, wasu ma'aikatan masana'anta da suka fake a wurin suka riƙa ƙirga masa da babbar murya. Farin wandonsa ya koma laka, fuskarsa ma haka, sai idanu. Auta kuwa ƙasa ta riƙe shi gam, ya ci biyu. Ta biyun ma Yaya ne ya tura masa da diddige, yana kwance a cikin taɓo.

Bayan wasa tsohon ya tare Auta a baranda, rai a ɓace, ya ce me ya hana ɗan'uwansa kawo takalmi. Auta ya ce ai ya gaya masa, ya ce ba ya so. Tsohon ya ɗaga kafaɗa, abin da ya ɗauka game da baƙi ya tabbata. Kafin Yaya ya fito daga wanka Auta ya naɗe nasa takalmin a jarida, da lakarsa da komai, ya cusa a ƙasan jaka. Da aka ba shi takarda ya sa hannu, sabon takalmi aka ba shi, ba wanda ya tambayi na aro.

A ɗakin da suka kama haya, Yaya ya rungume shi har ya ɗaga shi sama. Sannan ya zauna a bakin gado ya daɗe yana duban ƙafafunsa. Ya ce, "Takalmi iri ɗaya muka sa, fili ɗaya, ruwa ɗaya. Kai ka tsaya, ni na faɗi. Ashe ƙwallona ta busasshiyar ƙasa ce kawai, Auta. Allah ya sa na zo da kai."

Shekara goma sha ɗaya Auta ya yi yana buga wa kulob ɗin, kuma ba a kan gadon fure ya yi su ba. Sanyi ya fasa masa yatsu. Masu gidajen haya sun sha rufe masa ƙofa tun kafin ya gama sallama. A filayen wasu garuruwa an jefe shi da abin da bai kamata a faɗa ba, an kira shi da abin da ya fi haka muni, masu tsaron baya suna harbin idon sawunsa, alƙalin wasa yana kallon gajimare. Ya haɗiye duka. Wani lokaci ma har yakan ji kamar ya cancanci dukan, ko da yake masu dukan ba su san dalili ba. Sannu a hankali mutanen da suka yi masa ihu suka koma rera sunansa, har aka riƙa sayar da hotonsa a cikin kwalin alewa.

Yaya bai koma gida ba. Ya ce da wane ido zai kalli 'yan tasha, su da suka yi masa rakiya har bakin jirgi suna kiɗa gwangwani? Ya sami aiki a wurin wani shumeka kusa da tashar jirgin ƙasa, daga shara da goge takalma har ya iya ɗinki, har mai shagon ya tsufa ya bar masa. Ya yi aure, ya haifi 'ya ɗaya. Ƙwallo kuwa bai sake taɓa ta da ƙafa ba. Ko ta yara ce ta gangaro gabansa a titi, sunkuyawa yake ya ɗauka da hannu ya miƙa musu.

Abin da ya fi ci wa Auta rai shi ne, Yaya ya zama gwanin haƙoran takalmi. Tun shekara ta biyu ya ƙwace aikin takalman ƙanensa, ya ce ba ya yarda da hannun kowa. Duk ranar wasa da sassafe zai je fili, masu gadi sun san shi, ya tsuguna ya danna babban yatsa a ciyawa a wuri uku, ya dubi sama, ya koma shago ya buga abin da ya dace. Sannan ya kawo takalmin da kansa har gida, a goge, yana ƙyalli. Bai taɓa bari Auta ya je karɓa ba. "Kai ba kwastoma ba ne," yakan ce. A shekara goma sha ɗayan nan ba a taɓa ganin Auta ya zame a fili ba.

Da ya san sirrin haƙora, sai ya gane abin da ya kayar da shi ranar gwaji, amma rabin gaskiyar kawai ya gane. Sauran rabin ya mayar da shi abin alfahari. Duk wanda ya kawo gyara sai ya ji labarin. "Fata biyu suka ba mu a cikin taɓo, fata biyu! Ni na faɗi kamar buhun gishiri. Amma ƙanena, da fata biyun nan ya tsaya ya ci musu biyu. Ku je ku tambayi duk wanda ya san aikin nan ko hakan na yiwuwa. A nan na san wane ne ɗan ƙwallo a gidanmu." Har wani ɗan jarida ya ji ya buga. Auta yana zaune a benci a shagon an ba da labarin nan ya fi sau ɗari, yana murmushin dole.

Ya yi ta saya wa Yaya kaya, kwat mai kauri, rediyo, keken ɗinkin fata, har Yaya ya ce masa, "Kai, sai ka ce wanda ya kashe mini wani!" suka yi dariya tare. Sau biyu Auta ya je gida a lokacin hutu, aka tarbe shi kamar gwamna. Sau biyun Inna tana leƙa bayansa ko za ta ga wani. A shekara ta tara ta rasu, ba ta sake ganin babban ɗanta ba. Wannan kam ba kwat ɗin da zai rufe shi.

Washegarin ranar da aka sauko da kwalin, da safe, da matarsa ta fita kasuwa, Auta ya shimfiɗa jarida a teburin kicin, ya ɗauko filaya. Ya kifa takalmin. Ga su nan, goma sha biyu, laka ta bushe a tsakaninsu ta zama kamar siminti. Ya kama na diddigen dama ya ja. Ƙusa ta yi tsatsa, hannu ya tsufa, sai da ya yi gumi haƙori ɗaya ya fita, ya gangara ƙarƙashin firji. Ya durƙusa da ƙyar ya lalubo shi da cokali. Yana durƙushe a wurin, tsoho ɗan saba'in da biyu, kai a jikin firji, kunya ta rufe shi. Ko ya cire duka, Yaya zai sa basilla a ramin ƙusa ya gane tsawonta. In ya ce takalmin ya ɓata, matarsa za ta juye gidan ta kuma juye shi. Gaskiya dai ba wannan ba ne ya tsayar da shi. Ya gaji ne, gajiyar da barci ba ya maganinta. Ya sa haƙorin a aljihu, ya naɗe takalmin, ya fita ya hau bas.

Shagon yana nan yadda yake, ɗaki ɗaya mai faɗin tabarma biyu, takalman mutane jere a kanta kowanne da 'yar takarda mai lamba a maƙale, hoton Auta a bango ya koɗe har rigar ta canza launi. Yaya yana zaune a kujerarsa, da gyauton fata a cinya. Idanunsa sun yi rauni, likita ya ce ya huta, 'yarsa ta yi faɗan har ta gaji. Shi kuwa ya ce yatsunsa ba su nemi tabarau ba tukuna.

"A'a, manyan baƙi!" ya ce. "Wanda za a sa a gilashi! Kai za su sa ko takalmin? In kai ne su nemi babban akwati, tumbin nan ba zai shiga ƙarami ba."

"Ina kwana, Yaya."

"Lafiya lau. Kawo, kawo in ga abokin gabana. Shekara hamsin ina cewa ka nuna mini, kana ce mini yana cikin kaya."

Ya buɗe jaridar a hankali kamar mai buɗe jariri. Ya shinshina fatar, ya matsa bakin takalmin, ya yi tsaki a kan yadda aka bar shi ya bushe ba mai. Yana ta surutu, wai irin wannan fatar yanzu ko da kuɗinka ba ka samu. Sai ya kifa shi a cinya, ya ɗauki 'yar wuƙa ya kankare lakar da ke jikin haƙori ɗaya, ya bi shi da farcen babban yatsa daga tushe zuwa baki.

Surutun ya tsaya. Ya sake bi da farce. Ya koma kan na kusa da shi ya kankare, ya bi. Ya ɗauko ɗaya ƙafar. Auta yana tsaye yana jin motsin agogon bango da ƙarar jirgin ƙasa yana shiga tasha, ya rasa inda zai sa hannuwansa.

"Wannan ba shi ba ne," Yaya ya ce. "Matarka ta ɗauko wani. Wannan mai fata huɗu ne."

Ga ƙofar kuɓuta a buɗe, Yaya da kansa ya buɗe masa ita. Cewa kawai zai yi haka ne, an yi kuskure. Auta ya ji maganar ta taso har maƙogwaro, da sauƙinta, irin sauƙin waccan ta bakin fili.

"Shi ne, Yaya."

"Na aro? Na ranar?"

"Shi ne. Tsohon ya canza mini kana waje. Ya ce in kira ka ka kawo naka. Na zo na same ka kana wasa da ƙwallo, kowa yana kallonka." Ya yi gyaran murya. "Ka tambaye ni me ya ce. Na ce maka lokaci ya yi."

Yaya bai ɗago ba. Yatsansa yana kan haƙorin yana shafawa.

"Ka manta ne?"

"Ban manta ba."

"Ko ba ka gane maganarsa sosai ba? Lokacin ai ba ka gama iya harshen ba."

"Na gane, Yaya. Daga baya ya tambaye ni, na ce masa kai ne ka ƙi."

Wata mata ta turo ƙofa da takalmin yaro a hannu. Yaya ya ce mata cikin ladabi a harshen garin ta dawo da rana, ta fita. Auta ya so a ce ya zage shi, ko ya jefe shi da guduma, ga ta nan kusa da hannunsa. Amma da Yaya ya buɗe baki, ba da Auta yake magana ba.

"Ashe ba ƙafata ba ce," ya ce. Ya sunkuya ya dubi ƙafafunsa cikin silifas, kumburarru, jijiyoyi sun fito. "Shekara hamsin ina jin haushinsu. Ashe ba su yi mini komai ba."

Hawaye ya zubo wa Auta, bai share ba. "Yaya, ka yafe mini. Don Allah, don darajar Inna."

"Kada ka sa Inna a ciki." Bai ɗaga murya ba, amma Auta bai taɓa jin wannan muryar a bakinsa ba. "Ka bar ta inda take. Tambaya ɗaya zan yi maka, tunda yau ka tashi da gaskiya. Kai ka buga da manyansu shekara goma sha ɗaya, ka ga kowa. Da na sa irin wannan a ranar, wa za su ɗauka?"

"Kai."

"Ba don ka faranta mini ba."

"Kai za su ɗauka, Yaya. Kafin a tafi hutun rabin lokaci za su kawo maka takarda. Duk waɗanda na buga da su, ban ga wanda ya kama ƙafarka ba. Shi ya sa na yi."

Yaya ya gyaɗa kai a hankali, sau biyu, sau uku, kamar wanda likita ya gaya wa sunan ciwon da ya daɗe yana fama da shi. Ya ja hanci, ya goge fuska da bayan hannu. Sannan yatsansa ya faɗa ramin diddigen dama.

"Ɗaya ya fita. Ramin sabo ne."

Auta ya ciro haƙorin daga aljihu ya ajiye a kan kanta. Bai yi bayani ba, ba a kuma tambaye shi ba. Yaya ya ɗora takalmin a kan ƙafar ƙarfe, ya zaɓi ƙusa, ya daidaita haƙorin a wurinsa, ya buga sau uku.

"Yadda yake za a sa shi a gilashin," ya ce. "Zan wanke, in sa masa mai. Fatar tana bukatar kwana biyu ta sha."

"Yaya, ban ji ka ce komai ba a kan abin da na roƙa."

Yaya ya jawo ɗan littafin da yake yagar wa masu kawo gyara, ya kai shi kusa da ido, ya yage takarda mai lamba gida biyu. Ya maƙala rabi a igiyar takalmin, ya miƙo wa Auta rabi.

"Ranar Laraba," ya ce. "Ka zo da takardarka."

Auta ya karɓa. Lamba arba'in da uku ce, shuɗiya, ba ta kai faɗin yatsa biyu ba. Ya yi sallama, aka amsa masa kamar yadda ake amsa wa kowa, ya fita.

Da ya fito bakin titi bai wuce ba. Ya tsaya a gefen tagar shagon kamar mai jiran bas, alhali tashar bas tana can gaba. Ta cikin gilashi ya ga Yaya ya dafa kanta ya miƙe. Tsohuwar jaridar da aka naɗo takalmin tana ƙasa, ya sunkuya ya ɗauka, ya dunƙule ta da hannu biyu zai jefa a kwandon shara. Sai ya tsaya. Ya juya ta a hannu, ya zare silifas ɗin dama, ya sake ta. Ta sauka a kan ƙafarsa ta zauna kamar an ajiye ta da hannu. Ya ɗaga ta sau ɗaya, sau biyu, ya mayar gwiwa, yana dafe da kantar shagon don kada ya faɗi, sannan ya buge ta da gefen ƙafa. Ta haye keken ɗinki ta faɗa cikin kwando.

Ba kowa a shagon da zai tafa masa. Ya tsaya yana duban kwandon, kafaɗunsa suna rawa, daga waje ba a gane dariya yake ko kuka. Auta ya matse takardar a tafin hannunsa, ya bar jikin tagar kafin a gan shi.